Minti Huɗun da Na Yanke a Zahir

Tun da na dawo daga Umra abokan aikina suka hana ni sakat. Duk wanda ya zo karɓar dabino da zamzam ba ya tashi sai ya tambayi yadda aka ƙare da fim ɗin Dogo. Na ba da labarin har bakina ya gaji, kuma na lura kowa yana ƙara masa gishiri idan ya fita. Shekaranjiya wani ya tare ni yana yi mini jaje, wai ya ji an ƙwace mini kwamfuta a Jidda. Shi ya sa na zauna na rubuta shi sau ɗaya, kowa ya huta. Sunayen mutanen Makka da zan ambata ba nasu ba ne.

Ga wanda bai san Dogo ba, Bature ne ɗan Kanada, daga yankin da ake Faransanci. Sunansa na ainihi yana karya mana harshe, sai muka bar shi a Dogo. Ya fara aikin fim ƙarƙashin gwamnatin ƙasarsu, ya ajiye saboda ba ya son a rubuta wa mutane abin da za su faɗa. Daga nan har mutuwarsa kansa yake yi wa aiki, kyamara a kafaɗa, da mutum ɗaya mai riƙe masa na'urar ɗaukar murya. Ya yi fina-finai a kan masunta da masu saran itace na yankinsu, ya bar su suna magana da Faransancinsu na ƙauye, wanda 'yan bokonsu ke jin kunyarsa. Bai tara abin duniya ba, amma matasa da yawa a can da nan sun bi sawunsa. Ni a garinmu Damagaram na haɗu da shi ina saurayi, lokacin da ya zo ya koyar da mu na wata uku. A hannunsa na koyi tace fim, wato yanka hotuna da haɗa su, sana'ar da nake ci da ita a Kano har yau.

Ƙa'idodinsa biyu ne, kuma ya nanata mana su har muna kwaikwayon muryarsa a bayan idonsa. Ta farko, kada ka ɗaga wa mutum kyamara sai kun ci abinci tare. Ta biyu, fim bai kammala ba sai wanda ke cikinsa ya gani ya ce ya yarda. Abin da ya ce a cire, a cire.

Wannan ƙa'ida ta biyu ita ta kai ni Makka. Fiye da shekara hamsin da suka wuce, Dogo ya bi wasu maniyyata masu tafiya ta ƙasa, daga Damagaram ta Cadi har Sudan, inda suka yi ƙodago a gonakin auduga don tara kuɗin jirgi. Fim ɗin ya fi tsayawa a kan wani Malam Idi da matarsa Hajara da jaririnsu. Da suka isa Bahar Maliya suka shiga jirgin ruwa, shi kuwa ba Musulmi ba ne, ba shi da halin bin su. Ya koma gida ya haɗa fim ɗin, ya rufe shi a akwati, bai taɓa nuna wa kowa ba. Bayan rasuwarsa 'yarsa ta aiko mini da kwafi. Ta ce ana shirin nuna ayyukansa gaba ɗaya a garinsu. Idan na samo mutanen suka yarda, wannan ma zai fito. Idan ban same su ba, ko suka ƙi, zai koma akwati ke nan. Na kalle shi, na tabbata Dogo bai taɓa yin wanda ya kai shi ba. Akwai wani wuri na minti huɗu, Hajara a inuwar wata motar auduga tana wasa da jaririn, wanda na maimaita ya fi sau goma don kyan haskensa kawai.

Na tashi daga Kano ranar Talata. Jirginmu na safe ne, amma sai bayan la'asar muka ɗaga. A zaman jiran nan na haɗu da Alhaji Sani, mai sayar da atamfa, wanda wannan ce Umrarsa ta tara, kuma bai bari na manta da hakan ba. Da ya ji sana'ata ya dube ni sama da ƙasa, ya ce ashe 'yan fim ma suna tuba. Shi ya hana ni ɗaura harami tun a ƙasa, ya ce gwanaye a jirgi suke ɗaurawa. Da aka yi sanarwar mun kusa miƙati muka tarar da layin banɗaki ya kai tsakiyar jirgi. Na ɗaura nawa a tsaye tsakanin kujeru, wani dattijo yana kare ni da bargo.

A Jidda na'urar ɗaukar zanen yatsa ta ƙi ni. Jami'in ya shafa mini wani ruwa a hannu, ya danna, ya sake dannawa, yana ta cewa in yi sabur, wato haƙuri. Ban ji haushinsa ba, don shi ma na ga ya gaji. Kwamfutata kuwa ko kallonta ba a yi ba. Muka shiga bas. Kafin a isa Makka akwai wurin da hanya ta rabu, da allo babba da ke nuna inda wanda ba Musulmi ba zai karkata. Mutane suna talbiyya, ni ma ina yi, amma na tuna cewa da Dogo ya biyo mutanensa, nan ce iyakarsa.

Masaukinmu a unguwar Jarwal yake, wani siririn otal mai hawa tara, lif ɗinsa mutum uku yake ɗauka idan babu mai tumbi. Gado huɗu a ɗaki, kuma Allah Ya sake haɗa ni da Alhaji Sani. Rigimar ɗakin ɗaya ce, na'urar sanyaya ɗaki: shi yana son ta kamar firij, sauranmu muna tari. Na yi Umrata lafiya washegari. Ba zan tsaya kwatanta abin da na ji a gaban Ka'aba ba, wanda ya je ya sani. Zan dai faɗa cewa na fito ban ga takalmina ba, na dawo masauki da silifas ɗin da wani mai shara ya ba ni, ƙafa ɗaya shuɗi, ɗaya kore.

Abincin Makka ban ƙi shi ba. Da safe gurasa ce mai faɗi da ake ce wa tamis, a ci da dafaffen wake da mai. Da rana shinkafa da kaza, a tula maka abin da mutum uku za su ci a gida. Abin da ya rasa shi ne yaji, kuma nan Alhaji Sani ya yi rana, don da gwangwaninsa yake yawo a aljihu.

A lungun bayan otal ɗin akwai mata Hausawa masu sayar da tuwo. Nan na fara cigiya, kuma nan na fara kwafsawa. Na isa da kaftanina mai guga, na zaro waya, na nuna musu hoton Hajara da na ɗauko daga fim ɗin, na ce ko akwai wadda ta san ta. Hira ta mutu nan take. Babbarsu, Hajiya Ladi, ta ce ba su taɓa ganin mai kama da ita ba, ta ci gaba da kwasar tuwonta. Alhaji Sani ne ya fahimtar da ni daga baya. Da yawa cikin matan nan aikin Hajji ya kawo su suka zauna, ba su da iƙama, wato takardar izinin zama. Baƙo mai hoto a waya da tambaya a baki ba abin maraba ba ne a wurinsu.

Sai na koma wa ƙa'idar malamina ta farko. Kullum bayan azahar in je in zauna a kan benci, in ci tuwon shinkafa da miyar taushe, in yaba, in tashi. Ban sake ambaton kowa ba. A rana ta biyar Hajiya Ladi ta ƙara mini nama ba tare da na nema ba, ta ce, “Wai kai me ka haɗa da Hajara?”

Na gaya mata komai. Ta ce Malam Idi ya daɗe da rasuwa. Hajara kuwa a wannan lungun ta yi shekaru tana tuyar waina, sai da aka rushe gidajensu aka yi otal-otal, ɗanta ya ɗauke ta suka koma unguwar Zahir. Ta buga waya a gabana, rabi Hausa rabi Larabci, aka ce in zo gobe bayan la'asar.

Ɗan nata sunansa Usman, shi ne jaririn cikin fim ɗin. Yanzu magidanci ne mai furfura a gemu, yana kula da sashen wanki a wani otal. Ya karɓe ni a falon maza na gidansa, a hawa na biyu. Hausarsa tana tafiya ne da sandar Larabci. Ya zuba mini gahawa a ɗan mitsitsin kofi, ko rabi bai kai ba, abin da a gida za mu kira rowa. Na shanye na miƙa masa kofin, ya sake zubawa. Na shanye, ya sake. Sai da na sha bakwai, zuciyata tana bugawa, sannan ya gane ban san cewa girgiza kofin ake yi idan an ƙoshi ba. Ya yi dariya, daga nan muka ɗan saki jiki.

Amma da na faɗi abin da ya kawo ni ya ɗaure fuska. Ya ce 'yarsa tana aure a gidan Hausawan da kakanninsu suka zo tun da daɗewa, 'yan ƙasa ne, ma'aikata ne. Ba ya son wata rana surukansa su ga mahaifiyarsa a waya tana tsinkar auduga a gonar wani, ba mayafi.

“Ya ahi, wannan abu ne ƙadim, tsohon zance,” in ji shi. “Ya wuce, halas. Me za a yi da shi?”

Na ce na fahimta, amma amanar da aka ba ni ita ce wadda ke cikin fim ɗin ta gani da idonta. Ban rufe baki ba sai ga Hajara ta shigo, ƙanwarsa Zainab tana riƙe da hannunta. Ashe tana jin mu.

'Yar ƙaramar tsohuwa ce mai kaifin ido. Na durƙusa na gaishe ta, ta tambaye ni ɗan wace unguwa ne a Damagaram, da gidan wa. Hausarta irin ta kakata ce, shekara hamsin a Makka ba su taɓa ta ba. Ta tuna Dogo sarai. Ta ce shi ne Baturen da ya sa hannun hagu a ƙwaryar tuwo ranar farko, ta buge hannun da muciya, bai sake ba. Da na gaya mata ya rasu ta ce mutumin kirki ne, ko ruwa ya samu sai ya raba. Na lura tana kiran Zainab da sunanta, Usman kuwa “kai” ne ko “Babba”. Ban kawo komai a raina ba, haka mahaifiyata take yi da yayana.

Muka haɗa kwamfuta da talabijin. Inna Hajara ta zauna a ƙasa dab da shi. Duk wanda ya gifta sai ta faɗi sunansa da garinsu da inda ya mutu. Da aka nuno Malam Idi yana alwala a bakin hanya, Zainab ce ta share hawaye. Da aka zo gonar auduga Usman ya ce in wuce wurin. Ta ce in bar shi, da kuɗin wannan audugar aka shiga jirgin ruwa, kuma ba sata ta yi ba. Har dariya ta yi wa ɗaurin zanenta. Na ji hankalina ya kwanta, na ɗauka mun haye.

Sai ga minti huɗun nan. Yarinya 'yar shekara ashirin a inuwar mota, ta waiga dama, ta waiga hagu, ta kwance goyo. Ta ɗaga jaririn sama, ta hura masa iska a ciki, ta ɗan ciji tafin ƙafarsa, yana ƙyalƙyala dariya. Muryarta tana fita tar: “Usmanu. Usmanuna.” Tana ta maimaitawa.

Tsohuwar ta ja mayafi ta rufe fuska, ta ce in tsayar.

A lokacin na gane abin da ya kamata in gane tun a Kano. Ɗan fari ne. Macen da ta tashi irin tashin Hajara ba ta kiran sunan ɗanta na fari, ba ta wasa da shi a gaban mutane, ko kallonsa ba ta cika yi ba. Dogo bai san wannan ba, shi uwa da ɗa kawai ya gani. Ni da na sani, shekarun da na yi ina kallon duniya ta idonsa sun sa haske na gani, ban ga kunyar ba. Na kuma lura da abin da ban taɓa lura da shi ba: daga nesa aka ɗauki wurin, ta bayan buhuna. Waige-waigen da ta yi na tabbatar da cewa ba kowa ne. Malamina ya saci wannan hoton, kuma ina jin ya san ya sata. Kunya ta kama ni, tawa da tasa.

Ta ce, ba tare da ta buɗe fuska ba, “Sauran duka ku kai inda za ku kai. Wannan a cire.”

Na yi ƙoƙari, ba zan ɓoye ba. Na ce, Inna, wannan wurin shi ne zuciyar fim ɗin, duk wanda ya gani zai yi miki addu'a. Ta tambaye ni ko Dogo ya ce mini ta san yana ɗauka. Na ce bai ce ba. Ta ce to.

Wanda ya sa baki shi ne wanda ban zata ba. Usman, da ɗazu yake cewa a binne fim ɗin gaba ɗaya, ya ce da murya ƙasa-ƙasa, “Ummi, ki bar shi.” Ba ta ko juya wajensa ba. Ta ce wa Zainab ta miƙo mata ruwa.

Na yanke shi a gabansu. Aikin bai ɗauke ni minti ɗaya ba. Ta sa na mayar da fim ɗin baya ta ga wurin ya haɗe, sannan muka kalli sauran har bakin teku. Ta ce ta yarda, a gaida 'yar Dogo. Usman ma bai sake maganar auduga ba. Na aika wa 'yar Dogo saƙo tun ina falon. Ta amsa cewa za ta cire wurin daga na hannunta, kuma ba za ta ajiye shi ba. Na samu abin da na zo nema, amma ban ji daɗin da na zaci zan ji ba.

Usman ya ce zai mayar da ni Jarwal a motarsa kafin magariba. Da muka yi nisa sai ya gangara gefen titi ya tsaya. Ya ce shi a nan ya tashi, cikin 'ya'yan Larabawa. A nan da sunan ɗan fari ake kiran uwa, abin alfaharinta ne. Maƙwabta sun yi shekaru suna ce mata Ummu Usman, ba ta taɓa amsawa ba. Iyayen abokansa suna rungumar su a ƙofar makaranta, shi tasa ko rakiya sai dai ta tura wani. Mahaifinsa ya taɓa yi masa bayani cewa al'ada ce, ya kuma yarda da kansa, amma zuciyarsa ba ta taɓa yarda ba.

“Wallahi yau ne na fara jin sunana a bakinta,” in ji shi. “Ka tura mini wurin nan a jawwal. Ni kaɗai.”

Wayarsa yake nufi, har ya zaro ta. Abin da na yanke yana nan a kwamfuta, ban goge ba tukuna. Na tausaya masa ƙwarai, amma na ce ba zan iya ba sai da izininta. Ya ce ai shi ma yana ciki. Na ce haka ne, amma an riga an ɗauka sau ɗaya ba da saninta ba, ba zan zama na biyu ba. Ya ce shi ba zai iya tambayarta ba, bakinsa ba zai buɗe ba. Na ce ni zan tambaya. Alhaji Sani da ya ji labarin ya ce ni wawa ne, da shi ne da tuni ya tura, wa zai sani.

Washegari da hantsi na koma Zahir, ranar da za mu wuce Madina. Na tarar da Inna Hajara a tabarma tana tsince shinkafa a faranti, Zainab tana gefenta. Usman ya tsaya a bakin ƙofa kamar baƙo. Na gaishe ta, na yi sallamar tafiya, na yi ta kewaye-kewaye. Daga ƙarshe na ce, Inna, abin nan da na cire jiya, akwai mai so, mutum ɗaya ne, kuma ba zai nuna wa kowa ba. Idan kin ce a'a, yanzu zan goge shi a gabanki.

Ba ta tambayi ko wane ne ba. Ta ci gaba da tsintar shinkafarta har na fara tunanin ba ta ji ni ba. Sannan ta ture 'yan tsakuwoyin da ta tara zuwa bakin faranti.

“Ni ban san zancen da kake yi ba,” in ji ta. “Abin da aka yanke aka yar, ina ruwana da wanda ya tsinta?”

Na buɗe kwamfuta na tura, na goge nawa. Wayar Usman ta yi ƙara a aljihunsa, duk muka ji, ba wanda ya ɗaga kai. Tsohuwar ta sa mini albarka, ta ce Zainab ta gaya wa Babba ya kai baƙo masauki kada motarsu ta tashi ta bar shi.

Muna saukowa daga bene, a tsakanin hawa na biyu da na ɗaya, Usman ya tsaya. Ya juya fuskarsa ga bango, ya kara wayar a kunne kamar wanda aka kira. Na karɓi makullin motar daga hannunsa, na sauka na jira shi a mota.